Harmost: Gwamnonin Sojan da Sparta Ta Ɗora wa Biranen Girka

Wani mai karatu ya yi tambaya cewa ya ci karo da bayanin yadda Sparta ta riƙa naɗa gwamnonin soja a biranen da suka faɗa hannunta a zamanin Girkawan dā. Yana so ya san su wane ne waɗannan mutane, mene ne ainihin aikinsu, kuma me ya sa sunansu ya ɓaci a tarihi alhali Sparta ta ce ta ɗauki makami ne domin 'yantar da Girkawa.

Sunan muƙamin shi ne harmost, a harshen Girkanci harmostes, kuma ya fito ne daga aikatau mai ma'anar haɗa abu da abu har ya zauna daidai, kamar yadda kafinta ke haɗa katako. Wato a baki, harmost mai daidaita al'amuran gari ne. Kafin a fahimci abin da ya sa wannan suna mai taushi ya zama abin ƙyama, sai an tuna cewa Girka ta wancan lokaci ba ƙasa ɗaya ba ce. Ɗaruruwan birane ne, kowanne da ganuwarsa da dokokinsa da majalisarsa, kuma abin da kowane birni ya fi ƙauna shi ne ya yi mulkin kansa da dokokin kansa. Yawancin biranen suna da wani tudu mai kagara a tsakiyarsu, wanda ake kira akrofolis, inda manyan wuraren bauta da baitulmali suke. Duk wanda ya riƙe wannan tudu da sojoji ya riƙe maƙogwaron gari. A nan harmost yake zama.

Kalmar gwamna tana iya ɓatar da mai karatu, domin za ta sa ya yi zaton mutum ne mai ma'aikatu da sakatarori da ke tafiyar da harkokin yau da kullum. Harmost kwamandan sansani ne. 'Yan gari su ke ci gaba da riƙe kotuna da kasuwa da majalisa, sai dai 'yan garin da ke riƙe da su wani ƙaramin rukuni ne na masu goyon bayan Sparta, waɗanda ba za su kwana biyu a kan mulki ba in babu masu da garkuwoyin da ke bisa tudu. Wannan shi ne abin da nake ganin ya fi muhimmanci a duk wannan batu. A kusan kowane birnin Girka akwai jam'iyyu biyu masu gabar jini, masu son mulkin jama'a da masu son mulkin tsiraru na attajirai da manyan gida. Na farko sukan jingina da Atina, na biyu da Sparta. Da ɗan gari akan ci gari, kuma sau da yawa 'yan garin ne da kansu suke tafiya Sparta su roƙi a aiko musu da harmost domin su gama da abokan hamayyarsu.

Duk shekarun da zan ambata kafin haihuwar Annabi Isa ne, saboda haka lambobin raguwa suke yi yayin da lokaci ke tafiya. Babban yaƙi tsakanin Atina da Sparta ya fara a 431 ya ƙare a 404. Atina ce ke da daular teku, tana karɓar gandu daga birane masu yawa na tsibirai da gaɓar tekun Ejiyan, kuma ita ma takan aika kwamandojin sansani da masu sa ido zuwa biranen da ba ta amince da su ba, kamar yadda wata doka da aka sassaƙa a dutse game da birnin Eritrai ta nuna. Sparta ta shiga yaƙin da kirari ɗaya, cewa za ta kwance wa Girkawa wannan sarƙa. A 424 wani jarumin kwamandanta, Barasidas, ya tsaya gaban mutanen Akantus a arewa ya shaida musu cewa ya sa hukumomin Sparta sun yi manyan rantsuwoyi cewa duk birnin da ya koma ɓangarensu zai ci gaba da mulkin kansa. Ba a yi shekara biyu ba sai ga wakilai daga Sparta sun iso da samari, aka ɗora Kilaridas a kan Amfifolis, aka ɗora Fasitelidas a kan Torone. Masanin tarihi Tusididis, wanda ya rayu a zamanin kuma ya yi wa Atina kwamanda a wannan yanki, ya rubuta cewa hakan ya saɓa wa al'adar Sparta kanta. Shi ne kuma ya ba da labarin Herakiliya, garin da Sparta ta kafa a 426 kusa da mashigar Tamofile, inda ya ce shugabannin da aka riƙa aikowa daga Sparta su ne suka fi kowa kashe garin, domin sun yi mulki da tsanani, wani lokaci da zalunci, har yawancin mazauna suka tsorata suka watse.

Idan ana son ganin harmost a kusa, a dubi Kilarkus a Bizantiyum, garin da yau ake kira Istanbul. A 408 Atinawa ƙarƙashin Alkibiyadis suka yi wa garin ƙawanya. Sojojin da ke hannun Kilarkus sun nuna yadda irin waɗannan sansanoni suke: akwai mutanen garuruwan da ke kewaye da Sparta waɗanda ba cikakkun 'yan ƙasa ba ne, akwai 'yantattun bayi kaɗan, sai rundunar Megara da ta Boyotiya. Da abinci ya yi ƙaranci, Kilarkus ya keɓe abin da ya rage ga sojojinsa. Ya tsallaka ruwa zuwa wurin Farnabazus, gwamnan Farisa, neman kuɗin albashi da jiragen ruwa, kafin ya dawo wasu 'yan gari sun buɗe wa Atinawa ƙofa da dare. Daga baya aka gurfanar da ɗaya daga cikinsu, Anaksilawus, a Sparta bisa laifin cin amana. Ya ce shi mutumin Bizantiyum ne, ba mutumin Sparta ba, kuma ya ga mata da yara suna mutuwa da yunwa yayin da hatsin garin ke tafiya cikin sojojin baƙi, don haka ceton garinsa ya yi. Alƙalan Sparta suka sallame shi. Wannan hukunci ya nuna cewa a Sparta akwai waɗanda suka san gaskiya idan sun ji ta, amma abin takaici shi ne a 403, da mutanen Bizantiyum suka nemi kwamanda saboda rikicin cikin gida da hare-haren maƙwabtansu Tarakiyawa, Kilarkus ɗin nan aka sake aika musu. A ruwayar masanin tarihi Diyodoras, ya gayyaci shugabannin garin zuwa wani bikin hadaya ya kashe su, ya kama manyan gari 30 ya sa aka shaƙe su da igiya, ya ƙwace dukiyarsu ya ɗauki sojojin haya da ita. Sai da Sparta ta tura runduna ta kore shi da yaƙi, ya gudu wurin Sairus ƙanin sarkin Farisa.

Mutumin da ya mayar da naɗin harmost tsari na daula shi ne Lisanda, kwamandan jiragen yaƙin Sparta. A 405 ya kama kusan dukkan jiragen Atina a Egosfotami, a mashigin ruwan Dardanel, kuma daga ranar babu mai tare masa hanya a teku. Ya riƙa bin birane ɗaya bayan ɗaya, yana rushe mulkin jama'a, yana barin harmost ɗaya da kwamitin mutum goma daga 'yan gari. Fulutak, wanda ya rubuta tarihin rayuwarsa, ya ce ba ya duba asali ko dukiya wajen zaɓen mutum goman nan, abin da yake dubawa shi ne wanda ke cikin ƙungiyoyin abokansa, kuma ya yi haka a biranen abokan gaba da na abokan ƙawance ba tare da bambanci ba. Ya ɗora Sitenelawus a kan Bizantiyum da Kalkedon, ya ɗora Toraks a kan tsibirin Samos bayan ya kori masu mulkin jama'a daga can. A Militus, bisa ruwayar Fulutak, ya yi wa jagororin talakawa rantsuwar aminci har suka fito daga maɓoyarsu, sannan ya miƙa su ga abokan gabarsu, aka kashe mutum 800. Diyodoras ya ce Sparta ta riƙa tara gandun da ya haura talanti 1000 a shekara. Talanti ɗaya ya kai wajen kilo 26 na azurfa, kuma Tusididis ya ƙiyasta abin da Atina ke samu daga ƙawayenta a farkon yaƙin da talanti 600. Biranen da suka yi murnar faɗuwar Atina sun gudu daga gara sun faɗa gidan zago.

Atina kanta ta miƙa wuya a 404 bayan yunwa ta ci ƙarfinta. Aka rushe dogayen ganuwoyin da suka haɗa birnin da tashar jiragen ruwa ta Firayus ana busa sarewa, mutane suna zaton ranar ce farkon 'yancin Girka, kamar yadda masanin tarihi Zenofon ya rubuta. Aka ɗora mutum talatin su tsara sababbin dokoki, su kuwa suka riƙe mulki. A labarin Zenofon, da farko sun kama 'yan tsegumin kotu waɗanda kowa ya ƙi jininsu, ba wanda ya damu. Da suka so su wuce nan, sai suka aika mutum biyu Sparta su shawo kan Lisanda a ba su sansani, suka yi alkawarin su za su ciyar da shi. Aka aiko Kalibiyus a matsayin harmost, da sojoji 700 bisa lissafin littafin tsarin mulkin Atina da ake dangantawa da Aristotal, suka hau akrofolis suka zauna. Mutum talatin ɗin suka riƙa yi wa Kalibiyus fadanci iri-iri domin ya amince da duk abin da suka yi, shi kuma yana ba su sojojin da za su raka su kamun mutane. Daga nan kamun ya koma kan duk wanda ake ganin ba zai jure wulaƙanci ba, ko yana da magoya baya. Suka ware mutum 3000 a matsayin masu cikakken haƙƙi, suka kira sauran zuwa faretin duba makamai, suka sa sojojin sansanin suka kwashe makaman aka kai su bisa tudu aka kulle.

Ciyar da sojoji 700 na bukatar kuɗi, kuma a nan ne zaluncin ya fito da fuskarsa sosai. Suka yanke shawarar kama baƙi mazauna garin masu dukiya, a kashe su, a ƙwace abin da suka mallaka a biya sansanin. Lisiyas, shahararren marubucin jawaban kotu, yana cikin waɗanda aka kama tare da ɗan'uwansa Folemarkus. Shi ya tsere ta ƙofar baya, ɗan'uwan kuwa aka umarce shi ya sha guba ba tare da an gaya masa laifinsa ba. A jawabin da Lisiyas ya yi daga baya ya lissafa abin da aka kwashe daga masana'antarsu da gidajensu, garkuwoyi 700 da bayi 120, kuma ya ce ɗaya daga cikin mutum talatin ɗin da ya shiga gidan ya cire 'yan kunnen zinariya daga kunnen matar ɗan'uwansa. A cikin watanni kaɗan an kashe mutane wajen 1500.

Akwai wani ɗan labari game da Kalibiyus kansa da nake ganin ya fi dogon sharhi bayyana halin. Wata rana ya ɗaga sandarsa zai doki Otolikus, ɗan wasan da ya yi suna a gasar da ta haɗa kokawa da dambe. Otolikus ya kama ƙafafunsa ya fyaɗa shi da ƙasa. Da ƙarar ta kai ga Lisanda, bai goyi bayan harmost ɗinsa ba, ya ce masa bai san yadda ake mulkin mutane masu 'yanci ba. Duk da haka, ba da daɗewa ba mutum talatin ɗin suka kashe Otolikus domin su faranta wa Kalibiyus rai. Sandar nan ba ƙaramin abu ba ce. A Sparta babba yana dukan ƙarami da ita, ɗan ƙasa yana dukan bawa, kuma yaro yana tashi a cikin horon da ke koya masa bin umarni da ba da umarni kawai. Mutumin da aka rena haka, idan aka kai shi garin da kowane ɗan ƙasa ya saba tashi a majalisa ya faɗi ra'ayinsa, ba shi da wani kayan aiki sai tsawa da sanda. Tun a 478, bayan korar Farisawa, girman kan Fausaniyas, kwamandan Sparta, a Bizantiyum ne ya sa ƙawaye suka juya wa Sparta baya suka bi Atina, kuma Tusididis ya ce Sparta ta daina aika kwamandoji a lokacin saboda tsoron kada waɗanda suka fita waje su lalace.

To me ya sa ta koma ga wannan hanya? Dalili na farko ƙarancin mutane ne. Cikakkun 'yan ƙasar Sparta ba su da yawa, kuma kullum raguwa suke yi. A yaƙin Falatiya na 479 ta fitar da 5000, amma Aristotal ya ce a zamaninsa ba su kai 1000 ba. A gida kuma suna zaune ne a kan bayin ƙasa da ake kira helot, waɗanda suka ninka su yawa kuma suna jiran ranar tawaye, don haka ba za ta iya tura rundunar 'yan ƙasa ta daɗe a waje ba. Aika mutum ɗaya da sojojin haya da 'yantattun bayi, a bar garin ya ciyar da su, ita ce hanya mafi arha. Dalili na biyu shi ne Sparta ba ta da wata hukuma da aka tsara don kula da ƙasashen waje. Jami'ai biyar da ake zaɓa duk shekara, waɗanda ake kira efor, su ne ke iya kiran harmost gida, amma saƙo yana ɗaukar makonni, kuma ko ƙara ta iso, sakamakonta ya danganta da wanda ke tsaya wa wanda ake ƙara. Zenofon, wanda ya ga abin da idonsa a shekarar 400 lokacin da yake dawowa da ragowar sojojin hayar Sairus, ya gaya wa abokan tafiyarsa cewa ko mutum ɗaya daga Sparta yana iya aiwatar da abin da ya ga dama a cikin birane. Ya faɗi haka ne don kada su yi faɗa da Kiliyanda, harmost na Bizantiyum, wanda ya yi barazanar hana kowane birni karɓarsu.

Adalci ya wajabta a ce ba dukkansu ne azzalumai ba. Kiliyanda ɗin nan ya sauko daga fushinsa, kuma ya kula da marasa lafiya daga cikin sojojin, ya sa aka saukar da su a gidaje. Wanda ya gaje shi, Aristarkus, yana isowa ya sayar da aƙalla 400 daga cikinsu a matsayin bayi. Gari ɗaya, muƙami ɗaya, cikin shekara ɗaya, kuma babu wata doka da ta tilasta wa na biyu ya bi sawun na farko. Darkilidas, wanda ya riƙe Abidos, ya samu amincewar mutanen garin har suka tsaya tare da shi lokacin da kowa ya juya baya. Matsalar ita ce alheri ko sharrin da gari zai gani ya rataya ne kacokan a kan halin mutum ɗaya da ba su zaɓa ba kuma ba za su iya tsigewa ba.

Sparta ma ta biya nata farashin. Gari ne da ya hana 'yan ƙasa mallakar kuɗin zinariya da azurfa, yana amfani da kuɗin ƙarfe masu nauyi, sai ga azurfa tana kwararowa buhu-buhu. Gilifus, jarumin da ya karya Atinawa a Sisili, Lisanda ya ba shi buhunan kuɗi ya kai gida, ya farke ɗinkin ƙasansu ya ɗiba ya sake ɗinkewa, bai san akwai takardar lissafi a cikin kowane buhu ba. Toraks na Samos an kama shi da azurfa aka kashe shi. Zenofon, wanda masoyin Sparta ne ƙwarai, ya rubuta da baƙin ciki cewa a dā mutanenta sun fi son zama a gida da ɗan abin da suke da shi a kan su je su yi harmost a birane fadawa su lalata su, amma a zamaninsa manyansu ba su da burin da ya wuce su dawwama a wannan muƙami a ƙasar waje. Kwamitocin mutum goma na Lisanda ba su daɗe ba, domin efor sun rushe su bayan 'yan shekaru, kuma a Atina sarki Fausaniyas, jikan wancan na farko, ya shiga tsakani a 403 aka maido da mulkin jama'a bayan Tarasibulus da 'yan gudun hijirar Atina sun yi galaba a Fili da Firayus. Amma harmost da sansani sun ci gaba a wurare da yawa.

A 395 jakadun birnin Tebes suka je Atina neman ƙawance, suka ce Sparta ta ba Girkawa bauta ninki biyu a maimakon 'yanci, ta harmost da ta mutum goma, har suka yi zargin cewa tana naɗa bayinta a wannan muƙami. Shekara ɗaya bayan haka, a 394, Konon Ba'atine da Farnabazus suka ragargaza jiragen Sparta a Kinidus. Suka bi tsibirai da biranen gaɓa suna korar gwamnonin, suna yin alkawarin cewa ba za su gina kagara a kan tudun kowane gari ba kuma za su bar kowa da mulkin kansa. Wannan alkawari kaɗai ya isa birane su buɗe musu ƙofa. Gwamnonin da aka kora suka taru wurin Darkilidas a Abidos.

Sulhun da sarkin Farisa ya shimfiɗa a 386 ya tanadi cewa biranen Girka manya da ƙanana su yi mulkin kansu, kuma Sparta ce ta ɗauki nauyin tsare shi. A 382 kwamandanta Foyibidas yana wucewa ta kusa da Tebes a hanyarsa ta zuwa Olintus a arewa. Leyontiyadis, jagoran masu son Sparta a garin, ya same shi a ɓoye. Rana ce ta bazara da tsakar zafi, tituna babu kowa, mata suna bikin ibadarsu a kan Kadmiya, wato akrofolis na Tebes, don haka majalisa ta koma zama a wata rumfa a kasuwa. Leyontiyadis ya hau doki ya juyo da Foyibidas daga hanya, ya shigar da shi kai tsaye bisa tudun, ya miƙa masa sakatar ƙofa. Aka kama abokin hamayyarsa Ismeniyas, daga baya aka kashe shi, mutum wajen 300 suka gudu Atina. A lokacin Tebes ba ta yaƙi da Sparta. Da labari ya isa gida, sarki Agesilawus ya ce abin dubawa shi ne ko aikin ya amfani Sparta ko ya cuce ta. Aka ci Foyibidas tara, aka bar sansanin soja 1500 a Kadmiya.

Shekara uku suka yi a can. A hunturun 379 wasu 'yan gudun hijira ƙalilan, cikinsu har da Melon da Felofidas, suka shigo garin da yamma a ɓoye. Sakataren shugabannin garin, wanda yake tare da su a asirce, ya shirya wa iyayen gidansa walima ya yi musu alkawarin kawo mata. Fulutak ya ce ana cikin sha aka kawo wa Arkiyas, ɗaya daga cikin shugabannin, wasiƙa daga Atina mai bayanin makircin gaba ɗaya, ɗan saƙon ya ce batun gaggawa ne, shi kuwa ya tura ta ƙarƙashin matashi ya ce batun gaggawa sai gobe. Matan da suka shigo lulluɓe maza ne da wuƙaƙe. Kafin gari ya waye an kashe shugabannin, an fasa kurkuku, jama'a sun fito da makamai, kuma ba a daɗe ba sansanin ya nemi a bar shi ya fita. Sparta ta hukunta kwamandojin sansanin da tsanani. Fulutak ya ce an kashe biyu, na uku aka ci shi tara mai nauyi ya bar ƙasar. Laifinsu a idon Sparta shi ne sakin tudun. Zenofon ya ga hannun alloli a cikin abin, ya ce waɗanda suka rantse za su bar birane da 'yancinsu sannan suka ƙwace Kadmiya, mutanen da suka zalunta ne kaɗai suka hukunta su.

Abin da ya biyo baya ya ƙara tabbatar wa Girkawa cewa babu inda za a kai ƙarar harmost. A 378 Sifodiriyas, harmost ɗin da aka bari a garin Tesfiya, ya tashi da dare da niyyar kama Firayus alhali ana zaman lafiya da Atina. Gari ya waye masa a filin Tiriya, bai kai ko kusa ba, ya juya yana kwasar dabbobi yana fasa gidaje. Jakadun Sparta da ke Atina a lokacin suka tabbatar wa Atinawa cewa za a kashe shi. Efor suka kira shi shari'a, ya ƙi zuwa don tsoro, amma aka wanke shi, domin ɗansa aminin ɗan Agesilawus ne, kuma sarkin ya ce Sparta tana bukatar sojoji irinsa. Atina ta sa wa Firayus ƙofofi, ta shiga ƙera jirage, ta haɗa kai da Tebes. A 377 ta kafa sabon ƙawancen teku, kuma dutsen da aka rubuta dokar a kansa yana nan har yau. Ya yi wa duk mai shiga alkawarin zai zauna da irin mulkin da yake so, ba zai karɓi sansani ba, ba za a ɗora masa shugaba daga waje ba, ba zai biya gandu ba. Waɗannan abubuwa uku su ne ainihin abin da Girkawa suka sha a hannun Sparta, da kuma a hannun Atina kafin ta.

A sulhun 371 Sparta ta amince ta janye gwamnoninta daga birane, ta kuma janye su. Makonni kaɗan bayan haka rundunarta ta haɗu da ta Tebes ƙarƙashin Efaminondas a Liyuktira, inda 400 daga cikin cikakkun 'yan ƙasa 700 da suka shiga fagen suka mutu tare da sarkinsu Kiliyomburotus. Daga nan Sparta ba ta sake samun ƙarfin ɗora wa kowa gwamna a faɗin Girka ba.

Muƙamin bai mutu da ita ba. Tebes, wadda ta fi kowa kuka da shi, ta aika nata gwamnonin zuwa biranen Akaya wajen 366, kuma Zenofon ya kira su da sunan nan na harmost. Suka haɗa kai da talakawa suka kori manyan gida, waɗanda aka kora suka taru suka ƙwato garuruwansu ɗaya bayan ɗaya, suka koma bayan Sparta da zuciya ɗaya. Bayan yaƙin Keroniya na 338 sarki Filibus na Makidoniya ya zuba nasa sansanin a Kadmiya. A 322 Antifata, mai riƙon mulkin Makidoniya, ya ɗora sansani a tudun Munikiya da ke kallon tashar Firayus ƙarƙashin Menilus, kuma da 'yan tsaiko a tsakani, sojojin Makidoniya ba su bar wurin ba sai a 229, lokacin da kwamandansu Diyojinis ya karɓi talanti 150 domin sallamar sojojinsa, ya miƙa wa Atinawa Firayus da Munikiya da Salamis da Suniyon.